Mai Zanen da Muka Juya wa Baya

Shekara goma sha ɗaya Torma Vendel ya yi bai ga fuskar mace ba a ƙauyenmu, kuma ni ce sanadi. Gara in faɗa tun da fari, don waɗanda suka san zancen kusan duk sun riga ni zuwa maƙabarta, babu mai tona mini asiri in ba ni ba.

Vendel maƙwabcinmu ne, shingen katako kawai ya raba gidansa da namu. Dogo ne siriri, yana tafiya a ɗan sunkuye, kuma yatsu biyu na hannunsa na hagu sanyin fagen yaƙi ya cinye su. Sana'arsa rubutu da fenti. Shi ke rubuta allon shago da lambar keken doki da duk taken da hukuma ke so a bangon gonar haɗin gwiwa. Amma abin da aka fi saninsa da shi akwatin gawa ne. Idan aka yi rasuwa, kafinta zai zo da karan bakin kogi ya auna mamacin daga kai zuwa dunduniya, ya yanke karan daidai tsayinsa, ya je ya haɗa akwati, sannan a kai wa Vendel ya rubuta suna a gefe da shekarun da mutum ya yi a duniya. Karan kuwa tare da gawar ake binne shi. Shi ya sa a wurinmu ba a auna mai rai da kara ko sanda. Ko mai ɗinki da igiya take awo, tana yi tana zuba surutu don kada ɗakin ya yi shiru.

Kafin yaƙi ya yi shekara biyu a Budapest yana koyon zane, kuma daga can ya ɗauko wata ɗabi'a. Duk abin da zai zana, sai ya miƙe hannu da buroshi a tsaye, ya runtse ido ɗaya, ya riƙa zame babban yatsansa a kan sandar buroshin, sama da ƙasa. Haka duk masu zane ke yi, wannan na sani yanzu. A lokacin ban sani ba, kuma ban tambaya ba.

Matarsa Piroshka gajera ce mai wushirya, mai yawan dariya, tana waƙa muryar ba daɗi amma ba ta damu ba. Ni kuwa, Etelka, sabuwar amarya ce, shekarata ashirin da biyu, baƙuwa daga wani ƙauye. A bakin famfon tsakiyar gari, inda mata ke taruwa ɗiban ruwa, ko tari na yi babu mai waiwayowa. Ina neman abin da zan faɗa a saurare ni, ido rufe.

Wata rana da kaka, lokacin da kowane gida ke shirya jan barkono a zare don rataya a ƙarƙashin rufi, na leƙa ta tsagar shinge. Piroshka tana zaune a kan kujera da barkono cike da cinyarta, Vendel ya miƙe hannu ya runtse ido yana ta zame yatsa. Abin da yake zane a kai kuwa ragowar katakon akwati ne, wanda kafinta ke ba shi. Washegari na kai labarin bakin famfo, na ce Vendel ya gaji da jiran gawa, ya fara auna matarsa tun tana numfashi. Aka yi ta dariya har da mai riƙe ciki. Na koma gida da bokiti biyu ban ji nauyinsu ba.

Piroshka ba ta ga dawowar shamuwa ba. Ciwon huhu ya ɗauke ta kafin ƙanƙara ta narke, mijinta da hannunsa ya rubuta shekara talatin da ɗaya a gefen akwatinta. A hanyar maƙabarta na ji wata a bayana tana raɗa wa 'yar'uwarta cewa Etelka ta gani da idonta lokacin da ya auna ta. Suka dube ni. Kalma ɗaya ta isa a ranar, in ce wasa nake yi. Sai na sunkuyar da kai na gyaɗa shi a hankali, irin na wadda ta san abin da ya fi ƙarfin baki. Na ji daɗin yadda suka matso kusa da ni, wannan ita ce gaskiyar.

Babu wanda ya kira taro, babu wanda ya yanke hukunci. Kawai dai idan Vendel ya taho, sai mace ta ja kallabinta gaba ta juya wa hanya baya, ta tsaya tana kallon shingen wani har ya wuce. A shago haka, a ƙofar coci haka. 'Yan mata suka taso suka tarar ana yi, su ma suka ɗauka. Aikin akwati bai tsaya ba don babu mai hannunsa a duk yankin Kaloca, sai dai maza ake aikawa. Shi kuwa bai taɓa kai ƙara ko yin fushi a fili ba. Zai cire hula ya gai da ƙeyar mutum da sunanta, kuma bai taɓa kuskuren suna ba.

Yanzu sai in kawo surukata, Borbala, uwar mijina Balint. Ita ce babbar mai furen bango a ƙauyenmu. Duk gidan da za a yi biki ita ake kira ta cika bangon ɗaki da furanni daga ƙasa har rufi, ba ta ja layi, ba ta awo, hannu kawai take sakewa. Ja da ruwan hoda na ɗakin amare ne, shuɗi da ruwan makuba na tsofaffi, haka ma a tufafi. Bakinta ya fi buroshinta kaifi. Shekara goma sha ɗaya ina gidanta ba ta taɓa cewa miyata ta yi daidai ba. Ita ma tana juya wa Vendel baya kamar kowa, amma ta ce ba tsoro ba ne, raini ne, don duk wanda sai ya auna kafin ya zana, kafinta ne ba mai zane ba.

A kakar 1969 tana da shekara saba'in da ɗaya, surukina ya rasu da 'yan watanni. Sai ta ce lokaci ya yi da za a ƙara sunanta a kan gicciyen kabarinsa, da shekarar haihuwarta, a bar gurbin shekarar mutuwa kamar yadda ake yi wa kowace gwauruwa. Balint ya kamata ya je, amma ta ce wanda bai san ranar aurensa ba ba za ta ba shi amanar shekarar haihuwarta ba. Ta sa ni na ɗauko gicciyen, muka zagaya zuwa rumfar aikin Vendel, kallabi a jaye, muna tafiya a karkace.

Ban taɓa shiga rumfar ba. Da idona ya saba da duhun ciki sai na ga bango huɗu cike da alluna, tun daga ƙasa har sama, kuma duk mu ne. Bayanmu ne. Mata a bakin famfo, mata a sunkuye cikin gonar barkono, mata a layin coci, ƙeya da kafaɗa da ƙullin kallabi. Babu suna a jikin ko ɗaya, amma babu wadda ban gane ba. Ga Goggo Ilka da kafaɗarta ɗaya da ta fi ɗaya tsawo, ga matar maƙeri da hannu a ƙugu. Fuska ɗaya ce tak a duk rumfar, ta Piroshka, tana dariya da wushiryarta da barkono a cinya. Na sami nawa a kusa da ƙofa. Ya zana ni na karkatar da wuya zuwa kunnen wata, hannuna a gefen baki. Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige.

Borbala ta daɗe a gaban wani allo, sannan ta nuna shi da sandarta, har yanzu bayanta yake kallo.

"Wannan wace ce?"

"Ke ce, Goggo Borbala."

"Ni ce da wannan faɗin? Wannan ai ƙofar rumbu ce."

"Siket bakwai kike sawa ranar Lahadi, Goggo. Abin da aka nuna mini na zana."

"To abin da jikokina za su gani ke nan? A ce musu kakarsu ƙeya ce da mazaunai?"

Sai kawai ta juyo gaba ɗaya, ta ture kallabin baya, ta tsaya tana dubansa. Shi ne ya sunkuyar da kai, mutum mai shekara arba'in da takwas, kunnuwansa suka yi ja. Ta ce ya ɗago, ba cizo take yi ba. Ta ce ranar Alhamis ya zo tsakar gidanmu da kayansa, amma kada ya kuskura ya kawo mata katakon akwati, ita za ta ba shi abin da zai zana ta a kai.

Na zaci zai yi murna. Sai ya ce ba zai iya ba, ya faɗa a hankali yana murza tsumma a hannu.

"Goggo, shekara goma sha ɗaya ina juya zancen nan a raina. Idan gaskiya suke faɗa fa? Mace ɗaya na taɓa aunawa."

"Tarin Piroshka ya girme aurenku, Vendel. Tun tana budurwa uwarta ke ɓoye tsummokin jini a ƙasan kwandon wanki, ni na gani."

A hanyar gida na tambaye ta me ya sa ba ta taɓa faɗa ba. Ta ce wa ya tambaye ta. Amma ranar ba ta soki miyata ba.

Kafin Alhamis labari ya gama ƙauye. Mata suka riƙa shigowa ɗaya bayan ɗaya suna roƙonta ta rufa wa kanta asiri. Balint ya yi magiya har ya gaji. Fada, limamin cocinmu, ya ce a coci camfi ne kawai, amma mai dafa masa abinci ta ci gaba da tsallaka titi idan ta hango Vendel. Borbala kuwa sai ta buɗe akwatinta ta fito da baƙaƙen kayan da ta tanada na binne ta, ta shanya su a igiyar da ke kallon titi, ta ce suna buƙatar shan iska ko da za a neme su da gaggawa. Sannan ta ɗauko allon da take murza kwaɓin burodi a kai shekara hamsin, ta kankare shi da wuƙa, ta ce a kan wannan za a zana ta.

Ranar Alhamis Vendel ya zo, ta zauna a gindin bishiyar tsakar gida, ƙofa a wangale. Mata suka jeru a jikin shinge, rabin fuska a ɓoye, ido ɗaya a waje. Kwana uku Vendel yana aiki, kuma na lura ko sau ɗaya bai miƙe hannu ba. Yana duba ta a sace ya koma kan allo da sauri. Rana ta huɗu ta faɗo a ranar Waliyyi Mihaly, ƙarshen Satumba. Borbala ta tashi ta zagayo ta leƙa aikin. Hanci ya zarce, ido ɗaya ya hau sama ya bar ɗan'uwansa.

"Wannan akuyar Fada ce ko ni?"

"Zan gyara, Goggo."

"Ba za ka gyara ba. Ni hannuna ya san fure ba tare da awo ba, kai naka bai san fuska ba sai da shi. Kowa da yadda Allah ya yi shi. Auna ni."

Ta koma ta zauna, ta ɗaga haɓa. Vendel ya tsaya da buroshi a hannu har na zaci zai tattara kayansa ya tafi. Sannan ya miƙe hannun a hankali, ya runtse ido. A jikin shinge babu mai motsi. Ya zame yatsa daga goshinta zuwa haɓa, ya juya buroshin a kwance ya auna daga kunne zuwa kunne. Goggo Ilka ta yi alamar gicciye ta sulale ƙasa, sai da aka yayyafa mata ruwa. Borbala ko ƙiftawa ba ta yi ba, sai ma ta ce masa ya ƙara, don tana ganin bai auna hancin da kyau ba.

Cikin mako guda ya gama. Ni da na zauna da matar nan shekara da shekaru ban taɓa ganinta ba sai a kan allon nan. Ga girar hagu a ɗage, yadda take yi kafin ta yanka wa mutum magana, ga shuɗin fenti a ƙasan farcenta, amma ga kuma wata gajiya a gefen bakinta da ban san tana da ita ba. Ta duba ta ce hancin ya yi, ta rataye shi a ɗakin gaba, ɗakin da ba ma shiga sai ranar biki ko ranar gawa.

Daga ranar ƙauye ya fara ƙirga. Piroshka ba ta cika shekara ba bayan awo, don haka kowa ya sa ido ya ga ko Borbala za ta kai wata ranar Mihaly. Idan ta yi atishawa da safe, kafin azahar an ji a ƙarshen gari. Matan da rariyarsu ke rataye a gida suka riƙa zuwa aron rariya don su duba launin fuskarta. Ita kuwa tana jin daɗin abin, har takan dafe ƙirji da gangan idan ta ga Ilka ta taho.

A watan Fabrairu wasa ya ƙare. Ta zame a kan ƙanƙarar bakin famfo, ruwa ya jiƙa ta, kwana biyu bayan nan zazzaɓi ya kwantar da ita, numfashi na fita da ƙyar. Likita ya zo a kan babur, ya yi mata allura, ya ja Balint gefe ya yi masa maganar da ban so ji ba. Mata suka cika ɗakin girki suna raɗa, wata har ta tambaye ni ko na tanadi ƙyallen rufe madubi, kamar yadda ake yi idan an yi mutuwa a gida. Vendel ya daina aiki. Kowace safiya nakan tarar da itace a faskare a bakin ƙofarmu, shi kuma yana tsaye a jikin shinge cikin ƙanƙara, hula a hannu, yana kallon tagar ɗakinta. Na san idan matar nan ta mutu, ba zai sake ɗaga buroshi ba, kuma ban tabbata zai ga bazara ba shi ma.

Rana ta shida ina shafa mata ruwa a goshi, sai na kasa riƙewa. Na gaya mata ni na ƙirƙiri zancen, wasa ne, kuma a ranar jana'iza na gyaɗa kai ina sane. Ban san tana ji ba. Ta buɗe ido ɗaya.

"Na sani, sakarya. Ina bakin famfon ranar, na yi dariya tare da su. Shi za ki gaya wa, ba ni ba."

Rana ta tara zufa ta karyo mata. Da hantsi ta nemi romon kaza, ta kurɓa sau biyu, ta ce gishiri bai ji ba. Ban taɓa jin daɗin suka irin na ranar ba, na fito ina kuka ina dariya. Na nufi shinge kai tsaye, ban ja kallabi ba. Na gaya wa Vendel ta tashi, sannan na gaya masa sauran, duka, ban rage komai ba. Ya saurara har na gama. Ya ce ya sani, ya ga idona a tsagar shinge tun ranar. Na tsaya ina jiran ya zage ni, don da ya zage ni da na fi samun sauƙi. Sai ya ƙura mini ido ya ce, "Ashe idanunki ruwan toka ne. Duk shekarun nan na ɗauka baƙaƙe ne."

Ban jira shekarar ta cika ba. A watan Mayu na ɓalle ƙofar kabad ɗin ɗakin girki na kai masa ya zana ni a kai. Kada wani ya ɗauka jarumta ce. Ni na ƙirƙiri ƙaryar, amma na daɗe ina jin ta a bakin mutane har ta shiga jikina, lokacin da ya miƙe hannu tsoro ya kama ni sosai. Na ce a raina idan akwai abin da zai faɗa wa wani, to ni ya kamata ya faɗa wa. Daga nan masu aron rariya suka sami fuska biyu da za su duba.

Ranar Mihaly ta zagayo da rana mai haske. Borbala ta fito daga ɗaki sanye da jan siket ɗin amarcinta, wanda rabonta da shi shekara hamsin, sai da muka ƙara masa igiya kafin ya zagaye ta. Gwauruwa mai shekara saba'in da biyu cikin ja, abin da ba a taɓa gani ba. Ta rungumi allonta a hammata, ta sa ni na ɗauki nawa, ta aika Balint ya kira Vendel. Muka bi tsakiyar titi mu uku, ita a gaba, har bakin famfo inda mata suka taru kafin coci. Ta jingina allon, ta kama hannun famfo ta buga har bokiti ya cika ya tumbatsa, sannan ta dubi Ilka.

"Ilka, ga gawa ta zo ɗiban ruwa. Ko za ki taɓa ki ji ko na yi sanyi?"

Dariya ta ɓarke, irin wadda aka daɗe ana dannewa. Vendel ya cire hula kamar kullum ya ce barkanku da asuba, kuma babu wadda ta juya. Wajen mata talatin suka tsaya suna dubansa, shi yana bin su ɗaya bayan ɗaya da ido, bakinsa na motsi. Wasu ya bar su 'yan mata ya same su da furfura. Hawaye na bin kumatunsa bai ko share ba.

Matar maƙeri ce ta fara zuwa, da allon wankinta. Bayanta sai aka ɓalle. Wata ta kawo murfin akwatin aurenta, wata ƙofar taga, mafi yawa allon burodi, har maza suka fara gunaguni cewa babu abin murza kwaɓi a gidajensu. Ilka ta zo ta ce ita tambayar launin fenti kawai ta kawo ta, alhali ga allo a ƙarƙashin mayafinta. Ya zana ta da karkatacciyar kafaɗarta, ta yi fushin mako guda, sannan ta rataye shi inda duk mai shigowa zai gani. Ba ya yi wa kowa kwaskwarima. Mai gemun tsufa da gemunta, mai haƙori ɗaya da haƙorinta, amma ban san yadda yake yi ba, kowace takan fito kamar wadda ya kamata a miƙe tsaye idan ta shigo. Cikin shekara ashirin ya zana mata saba'in da huɗu. Mutane kuwa ba a raba su da halinsu. Bakin da ya ce awon Vendel na kisa ne, shi ya koma cewa duk wadda ya auna sai ta ga tattaɓa kunne, har ana kawo masa marasa lafiya daga wasu ƙauyuka, yana korar su zuwa wurin likita.

Wata shekara aka jera allunan a zauren taron ƙauye. Wani mutum ya zo daga Budapest da tabarau da jaka, ya zagaya sau uku, ya cire tabarau ya goge, ya ce wannan aiki wurinsa gidan adana zane a babban birni. Matar maƙeri ta ce masa allon wankinta ne, babu inda zai je. Ya bi su ɗaya ɗaya yana lallashi, kowace ta ba shi amsa iri ɗaya. Daga ƙarshe Vendel ya kai shi rumfa ya nuna masa tsofaffin allunan, mutumin ya bi su yana kallo ɗaya bayan ɗaya. Borbala, wadda a lokacin ta haura tamanin, ta ce ya kwashe su duka, Budapest ta kalli bayanmu, fuskar tamu ce. Ya cika mota da su. Na Piroshka kawai aka bari.

Borbala ta rasu a 1992, a kan kujerarta, da rana tsaka, bayan ta gama gaya mini na cika wa miya ruwa. Aka kai wa Vendel akwatin. Da aka fito da shi sai ga sunanta da ƙananan haruffa masu kyau kamar kullum, amma shekarun, casa'in da huɗu, ya rubuta su da ruwan zinariya, tsayinsu ya cinye gefen akwatin daga sama har ƙasa. Daga ƙofar coci ana iya karanta su. Fada ya ɗan ɓata rai, mu kuwa muka bi gawar muna murmushi, ban taɓa zuwa jana'iza mai daɗinta ba.

Shi ma shekara biyu ya ƙara. Na same shi da safe a rumfa, a zaune gaban hoton Piroshka, buroshi a cinya. Da kafinta ya kawo akwati sai aka tsaya ana kallon juna, don mai rubutun ne a ciki. Ɗan kafinta ya ce yanzu a gari ana sayar da haruffan roba masu mannewa. Matar maƙeri ta dube shi har ya nemi hanyar fita.

Mu goma sha ɗaya muka taru a tsakar gidansa da kwanonin fenti, duk waɗanda suka koyi fure a hannun Borbala. Tsoho ne, shuɗi da ruwan makuba ya kamata, amma babu wadda ta ko buɗe su. Muka cika akwatin da ja da ruwan hoda, murfi da gefe da ƙafa, muka bar fili ɗaya na suna. Sai suka miƙo mini buroshinsa. Fure na iya, sake hannu kawai ake yi, amma haruffa dole su shiga gurbinsu, kuma na ga idan na fara da ka, sunan zai ƙare kafin fili ko fili ya ƙare kafin suna. Na ja da baya taku uku. Na miƙe hannu, na runtse ido ɗaya, na zame yatsa a kan sandar da yatsansa ya riga ya lotsa. Na rubuta Torma Vendel, ya yi shekara saba'in da uku, kuma haruffan suka zauna daidai.

Da aka gama rufe kabarin, maza suka sa huluna suka nufi ƙofa. Mu muka tsaya. Babu wadda ta shirya shi. Ilka ta riga mu gidan gaskiya, amma 'yarta ce ta fara ɗaga ƙafa ta taka da baya, sai muka bi ta. Daga kabarinsa zuwa ƙofar maƙabarta taku sittin ne, cikin ciyawa da tudun kaburbura, ga tsofaffi da sanduna, muna riƙe da hannun juna don kada wata ta faɗi. Da baya da baya muka yi su duka, fuskarmu na kallonsa har muka fita.